Darasi Na Tara: Ma'anonin Bayanau "Forthwith" Da Yadda Ake Fassara Shi Zuwa Hausa

9.0 Gabatarwa

Ɗalibin da ya ɗauki fassara a matsayin sana'a, ko ba daɗe ko ba jima, zai ci karo da takardun da ba da Ingilishin yau da kullum aka rubuta su ba. Takardar sammaci da hukuncin kotu da yarjejeniyar haya da wasiƙar sallama daga aiki duk suna ɗauke da wasu tsofaffin kalmomi, waɗanda su kansu mutanen Ingila sun daina furta su a hira, amma suka ci gaba da rayuwa a bakin alƙalai da lauyoyi da ma'aikatan hukuma. Nijeriya ta gaji wannan salon rubutu daga mulkin mallakar Ingila, shi ya sa har yau tafinta a kotu da mai fassara labarai a gidan rediyo suke fama da shi.

Ɗaya daga cikin irin waɗannan kalmomi ita ce "forthwith". Ma'anar da ƙamus yakan bayar a gabanta ba ta wuce ta "nan take" ba, don haka sai ɗalibi ya ɗauka babu wani aiki a cikinta. Alhali kuwa a kan wannan kalma guda an yi shari'o'in da suka kai har Kotun Ƙoli a ƙasashe daban-daban, an kori ƙarar wani saboda ita, an kuma ci gaba da tsare wasu duk da ita. Wannan darasi zai bibiyi asalin kalmar da matsayinta a nahawu da ma'anonin da take ɗauka a muhallai mabambanta, sa'annan ya nuna yadda mai fassara zai zaɓi lafazin Hausa da ya dace da kowane muhalli.

9.1 Manufar Darasi

A ƙarshen wannan darasi ana sa ran ɗalibi ya iya:

(a) bayyana asalin kalmar da yadda ma'anarta ta sauya;
(b) nuna gurbinta a cikin jimla da abubuwan da suka bambanta ta da takwarorinta;
(c) rarrabe ma'anarta a labari da kotu da majalisa da hukuncin bashi;
(d) guje wa rikita ta da kalmomin da suka yi kama da ita;
(e) fassara jimlolin da ta fito a cikinsu ba tare da ƙari ko ragi ba.

9.2 Asalin Kalmar

"Forthwith" harɗaɗɗiyar kalma ce da aka gina daga kalmomi biyu: "forth", mai nufin gaba ko zuwa gaba, da "with", mai nufin tare da. A Tsohon Ingilishi, wato wanda aka yi magana da shi har zuwa wajejen tsakiyar ƙarni na 12, abin da ake cewa shi ne "forth mid", domin a wancan zamani "mid" ce take ɗauke da ma'anar tare da, ita kuwa "with" ma'anarta ta fi karkata ga gāba da juna ko fuskantar abu. Sannu a hankali "with" ta ture "mid" ta gaje gurbinta. Ɓurɓushin "mid" ya saura a kalmar "midwife", wato ungozoma, wadda asalin ma'anarta ita ce macen da take tare da mai naƙuda.

Wajejen shekarar 1200 an riƙa rubuta "forth with" da ma'anar tare da, ko a lokaci guda da. Zuwa ƙarni na 14 kalmomin biyu sun soma aiki a matsayin bayanau na lokaci. Hanyar da ma'anar ta bi ba ta da wuyar ganewa. Abin da ya taho tare da wani abu, babu rata a tsakaninsu. Idan kuwa babu rata a tsakanin aiki biyu, to na biyun ya auku ne da zarar na farkon ya ƙare. Ke nan tun daga tushe kalmar tana jingine da wani abu da ya gabace ta. Wannan batu yana da muhimmanci, kuma za a sake komawa gare shi a gaba.

Hausa ma ta san irin wannan sauyi, inda kalmar wuri take komawa kalmar lokaci. "Nan" bayanau ne na wuri, kamar a "zo nan". Amma a "nan take" da "nan da nan" da "nan gaba" da "nan da kwana uku", lokaci take nunawa. Ɗalibin da ya lura da haka a harshensa ba zai yi mamakin yadda "gaba tare da" ta rikiɗe ta zama "ba tare da jinkiri ba" a Ingilishi ba.

A ƙarni na 16 da na 17 kalmar ba ta lauyoyi kaɗai ba ce. Shakespeare ya sa ta a bakin 'yan wasansa. Haka kuma a fassarar Littafi Mai Tsarki ta Sarki Jemis, wadda aka buga a 1611, akwai wata kalmar Girkanci mai nufin nan da nan da ta maimaitu kimanin sau 40 a Linjilar Markus. Masu fassarar ba su tsaya a kan lafazi ɗaya ba. Wani wuri suka sa "immediately", wani wuri "straightway", wani wuri "anon", wani wuri kuma "forthwith". Wannan ya nuna cewa a lokacin duk huɗun kalmomin ba da labari ne na yau da kullum. Daga baya "immediately" ta mamaye fagen, "straightway" da "anon" suka ja da baya, ita kuwa "forthwith" ta sami mafaka a harshen shari'a da na mulki.

9.3 Matsayinta A Nahawu

Kalmar bayanau ce na lokaci, kuma wajen furuci ana ɗora ƙarfi a kan gaɓarta ta biyu. Ga wasu siffofinta:

(a) Gurbinta. Ta fi zuwa bayan aikatau ko a ƙarshen jimla. A rubutun doka kuma takan shiga tsakanin "shall" da aikatau. Alal misali:

1. The accused shall be released forthwith.
A saki wanda ake tuhuma ba tare da jinkiri ba.

2. The tenant shall forthwith notify the landlord of any damage.
Wajibi ne ɗan haya ya sanar da mai gida duk wata ɓarna ba tare da jinkiri ba.

(b) Ba ta karɓar ƙarfafawa ko kwatanci. Ba a sa "very" ko "more" a gabanta, kamar dai yadda Bahaushe ba ya cewa wani abu ya fi wani aukuwa nan take.

(c) Ba ta nuna wuri. Takwararta "immediately" tana iya nuna kusancin wuri, kamar a ce gida yana daf da bayan masallaci. "Forthwith" ba ta wannan aiki, lokaci kaɗai take aunawa.

(d) Ba ta haɗa sassan jimla. A Ingilishin Birtaniya "immediately" takan zama mahaɗi mai ma'anar "da zarar". Ita "forthwith" ba ta shiga wannan gurbi.

(e) Abokan tafiyarta. Ta fi yawan zuwa da aikatau na umarni da hani, irin su saki da biya da miƙa da dakatar da daina da fice. Saboda haka da wuya a same ta a jimlar da babu mai iko da wanda ake iko da shi a cikinta, in ban da a tsohon salon labari.

9.4 Ma'anonin Kalmar A Muhallai Daban-daban

9.4.1 A Labari

A tsofaffin littattafan labari da na tarihi, kalmar tana nuna cewa aiki na biyu ya biyo na farko babu rata. Babu umarni a ciki, babu wa'adi, aikatau kuma yana cikin shuɗaɗɗen lokaci.

3. The king read the letter and forthwith sent for his scribe.
Da sarki ya karanta wasiƙar, nan da nan ya aika a kira magatakardansa.

A wannan muhalli mai fassara yana da sarari. Yana iya cewa "nan da nan", ko "ba wata-wata", ko ya yi amfani da tsarin "karanta wasiƙar ke da wuya sai ya aika", wanda ya fi kama da yadda Bahaushe yake jera aukuwar abubuwa a labari.

9.4.2 A Umarnin Kotu Da Dokoki

Nan ne nauyin kalmar yake, nan ne kuma fassarar gaggawa take jawo ɓarna. Tambayar da alƙalai suka sha fuskanta ita ce: minti nawa, ko awa nawa, ko kwana nawa ne "forthwith"? Tsofaffin ƙamusoshin shari'a na ƙarni na 19 sun nuna cewa a al'adar kotunan Ingila, idan aka umarci wanda ake ƙara ya ba da amsarsa "forthwith", ana nufin cikin awa 24. Amma wannan ƙa'ida ta wani keɓaɓɓen aikin kotu ce. A wajen fassara dokoki gaba ɗaya, matsayin da kotuna suka fi tsayawa a kai shi ne a aikata abin da wuri gwargwadon yadda hali ya bayar, ba tare da jinkirin da za a iya kauce masa ba. Shari'o'i uku za su fayyace wannan.

Ta farko a Indiya aka yi ta. Dokar tsare mutane don riga-kafin ta da zaune tsaye ta 1950 ta bai wa Kwamishinan 'Yan Sanda ikon ba da umarnin tsare mutum, da sharaɗin ya kai rahoton haka ga gwamnatin jiha "forthwith". Ranar 13 ga Janairu, 1956, Kwamishinan 'Yan Sandan birnin Bombai, wanda a yau ake kira Mumbai, ya ba da umarnin tsare wasu mutane, amma bai aika rahoton ba sai ranar 21 ga watan. Waɗanda aka tsare, ciki har da Keshav Nilkanth Joglekar wanda shari'ar ta shahara da sunansa, suka garzaya Kotun Ƙolin Indiya suna cewa kwana 8 ya saɓa wa sharaɗin doka, don haka tsarewar ta haramta. Kwamishinan ya kare kansa da cewa a waɗannan kwanaki birnin yana cikin tarzoma a kan batun sake tsara jihohi, shi da jami'ansa kuwa hankalinsu yana kan kwantar da ita. A cikin wannan shekara kotun ta yanke cewa abin da kalmar take bukata shi ne hanzari gwargwadon iko da rashin jinkiri na sakaci, ta kuma karɓi uzurin Kwamishinan. Ke nan a wannan shari'a kwana 8 ya shiga ƙarƙashin "forthwith".

Ta biyu a Amurka ce. Wata doka ta 1920 ta yarda ma'aikatan jiragen ruwa su kai gwamnati ƙara, amma ta ce mai ƙara ya isar da takardun ƙarar ga lauyoyin gwamnati "forthwith". Wani ma'aikacin jirgi mai suna Henderson, wanda ya ji rauni a jirgin gwamnati, ya shigar da ƙara. Takardunsa suka isa ga Antoni Janar bayan kwana 47, suka isa ga lauyan gwamnati na yankin bayan kwana 148. Ƙaramar kotu ta kori ƙarar, kotun ɗaukaka ƙara ta goyi bayanta, duk a bisa hujjar cewa wannan ba "forthwith" ba ne. Sai a 1996 Kotun Ƙolin Amurka ta warware hukuncin, inda ta ce ƙa'idojin kotunan tarayya, waɗanda a wancan lokaci suka ba da wa'adin kwana 120 da damar tsawaitawa, su ne za a bi. Darasin da ke ciki shi ne, wa'adin da aka ƙayyade da lamba a wani wuri yana iya rinjayar kalmar.

Ta uku ita ma a Amurka ce, amma ta nuna ɗaya gefen. Ranar 24 ga Yuli, 1974, Kotun Ƙoli ta umarci Shugaba Richard Nixon ya miƙa faya-fayan hirarrakinsa da ake nema a binciken abin kunyar Watergate. Bisa al'ada akan jira wasu makonni kafin hukuncin kotun ya sauka a hukumance, amma sai alƙalan suka rufe hukuncinsu da cewa ya sauka "forthwith", saboda akwai shari'ar laifi da take jiran faya-fayan. A nan kalmar ta share lokacin jira da aka saba da shi. Ranar 9 ga Agusta, kwana 16 bayan hukuncin, Nixon ya sauka daga mulki.

Idan aka haɗa ukun, za a ga kalmar ba ta da adadin kwanaki nata na kanta. Abin da take hanawa shi ne zama haka kawai alhali babu abin da ya tare hanya. Ya kamata a kwatanta wannan da sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, wanda ya ce a gurfanar da wanda aka kama a gaban kotu cikin lokacin da ya dace, sa'annan ya fassara lokacin da kansa: kwana 1 idan akwai kotun da take da hurumi a tazarar kilomita 40, in kuwa babu, kwana 2 ko abin da kotu ta ga ya dace. Wato mai tsara doka idan yana son lamba yakan faɗe ta. Inda bai faɗa ba, ba aikin mai fassara ba ne ya ƙirƙiro ta.

9.4.3 A Zauren Majalisa

A ƙa'idojin zaman Majalisar Wakilan Birtaniya kalmar tana da wata keɓaɓɓiyar ma'ana. Idan aka ce shugaban majalisa zai gabatar da batu "forthwith", ana nufin za a nemi ra'ayin 'yan majalisa a kansa ba tare da an yi muhawara ba. Fitaccen misali shi ne ƙudurin rufe muhawara, wanda aka shigar cikin ƙa'idojin majalisar a 1882 bayan wakilan Ayalan sun riƙa tsawaita jawabai don hana aiki tafiya. Idan wani ɗan majalisa ya nemi a rufe muhawara, shugaba kuma ya amince, ba a buɗe wata sabuwar muhawara a kan buƙatar. Kai-tsaye ake yanke hukunci, kuma idan an kai ga ƙidayar ƙuri'a sai aƙalla mutum 100 sun goyi baya kafin ta tabbata.

4. The Speaker shall put the question forthwith.
Shugaban majalisa zai nemi ra'ayin 'yan majalisa a kan batun ba tare da muhawara ba.

Wanda ya fassara wannan jimla da "nan take" kawai bai yi ƙarya ba, amma ya ɓoye wa mai sauraro abin da ya fi muhimmanci, wato an rufe ƙofar magana ga masu adawa da batun.

9.4.4 A Hukuncin Bashi

A kotunan ƙananan ƙararraki na Ingila, hukuncin biyan bashi yakan zo ta ɗayan hanyoyi biyu: ko a yarda wanda ake bi ya biya kashi-kashi, ko a ce ya biya "forthwith". A nan kalmar tana ɗauke da lokaci da kuma adadi, domin abin nufi shi ne kuɗin gaba ɗaya sun zama wajibin biya a dunƙule. Fassarar da ta dace ita ce "a biya gaba ɗaya ba tare da jinkiri ba". Idan aka bar "gaba ɗaya", wanda ake bi yana iya zaton ya sauke nauyi da ya kai wani abu daga ciki a ranar.

9.4.5 A Raha

Saboda nauyin da kalmar take da shi, mai jin Ingilishi yakan jefa ta cikin hira da gangan don ban dariya, kamar uba ya umarci 'ya'yansa su kwashe kwanuka "forthwith". Abin dariyar yana cikin sa wa ƙaramin al'amari babbar riga. Mai fassara wasan kwaikwayo ko fim zai fi dacewa idan ya nemo lafazin fada ko na alƙali, kamar "an yi umarni a kwashe kwanuka ba tare da ɓata lokaci ba", domin "maza ku kwashe" zai kashe rahar.

9.5 Kalmomin Da Ake Rikita Ta Da Su

Kuskuren da ya fi yawa shi ne ɗaukar "forthwith" a matsayin "henceforth", saboda dukansu suna ɗauke da "forth". Ta farko tana nuna aiki guda da za a yi ba jinkiri. Ta biyu tana nufin daga yanzu zuwa gaba, wato tana kafa sabon tsari mai ɗorewa. A dubi waɗannan:

5. The gate shall be locked forthwith.
A kulle ƙofar ba tare da ɓata lokaci ba.

6. The gate shall henceforth be locked at ten.
Daga yau za a riƙa kulle ƙofar da ƙarfe goma.

Abin lura a misali na 6 shi ne kalmar "riƙa", wadda take nuna maimaituwar aiki. Duk lokacin da "riƙa" ko "dinga" ta shigo fassarar "forthwith", to akwai alamar an kauce. Inda kalmomin biyu suke kusantar juna shi ne wajen hani, kamar a ce a daina wani abu "forthwith". A nan ɗorewar hanin daga aikatau "daina" ta fito, kalmar kuwa lokacin dainawar kawai ta nuna.

Akwai kuma "herewith", mai nufin tare da wannan takarda, wadda ake samu a wasiƙun ofis idan an haɗo wani abu. Da "forthcoming", mai nufin abin da ke tafe. Da "forthright", mai siffanta mutumin da ba ya ɓoye-ɓoye a magana. Babu ɗaya daga cikinsu da take nuna gaggawa.

Sai kuma "with immediate effect", lafazin da ya shahara a Nijeriya tun 1975, lokacin da gwamnatin Janar Murtala Muhammed ta sallami ma'aikata fiye da 10,000. Wannan lafazi yana nuna lokacin da hukunci ya fara aiki ne, ko da wanda abin ya shafa bai motsa ba. "Forthwith" kuwa tana nuna lokacin da ake son mutum ya aikata wani abu. Wasiƙa ɗaya tana iya ɗaukar duka biyun: sallamar ta fara aiki nan take, shi kuma ma'aikacin ya miƙa makullan ofis ba tare da jinkiri ba.

9.6 Zaɓen Lafazin Hausa

Hausa tana da yalwar lafuzan gaggawa, sai dai kowace ƙwarya da abokiyar burminta.

(a) "Nan da nan" ya fi zama daidai a labari, inda ake jera abubuwan da suka riga suka auku.

(b) "Nan take" yana nuna aukuwar abu a wurin da kuma lokacin. Ya dace idan aikin mai yiwuwa ne a take, kamar alƙali ya ce a cire wa mutum ankwa a cikin kotu.

(c) "Ba tare da jinkiri ba" da "ba tare da ɓata lokaci ba" su ne suka fi kusa da ma'anar shari'a, domin abin da suka hana shi ne jinkirin, ba su kuma yi alkawarin abin da ba zai yiwu ba.

(d) "Yanzu-yanzu" yana ɗaure da lokacin da mai magana yake magana. Ya dace da umarnin baka, amma bai dace da doka ba, tun da doka ana karanta ta shekara da shekaru. A misali na 2, ɓarnar da za a sanar ba ta ma auku ba tukuna.

(e) "Maza-maza" yana ɗauke da muryar babba ga yaro, bai dace da rubutun hukuma ba.

(f) "Cikin gaggawa" yana siffanta yadda ake yin aiki. Mutum yana iya ɗaukar mako guda bai fara ba, sa'annan ya yi aikin cikin gaggawa.

(g) "Ba da jimawa ba" da "nan gaba kaɗan" suna sassauta umarnin har ya koma alkawari. Kuskure ne a yi amfani da su.

(h) "Kafin ƙiftawa da bisimilla" da "kafin a ce kwabo" adon magana ne, muhallinsu adabi.

Kafin ya zaɓi ɗaya daga cikin waɗannan, ya kamata mai fassara ya amsa tambayoyi huɗu. Wane irin rubutu ne wannan: labari, ko doka, ko ƙa'idar majalisa? Wa yake ba da umarnin, kuma ga wa? Daga wane abu ake fara ƙidayar lokacin: daga furta hukunci, ko daga karɓar takarda, ko daga aukuwar wani abu a gaba? Akwai wani sashe na takardar da ya ƙayyade wa'adi da lamba? Tambaya ta uku ita ce take komawa ga asalin kalmar, wato jinginuwarta ga abin da ya gabace ta.

A ƙaddara alƙali ya karanta misali na 1 a gaban iyalin wanda ake tsare da shi a gidan yari mai nisa da kotun. Idan tafinta ya ce "a sake shi yanzu-yanzu", iyalin za su tsaya a bakin kotu suna jira, idan kuma ba su gan shi ba sai su zargi ma'aikata da ƙin bin umarni, alhali takardar sakin ce take kan hanya. Idan ya ce "za a sake shi ba da jimawa ba", iyalin za su koma gida su yi haƙuri, ba tare da sanin cewa kowace rana da aka ƙara babu dalili tauye haƙƙinsa ba ce. Fassarar farko ta zarce, ta biyu ta gaza. "A sake shi ba tare da jinkiri ba" ita ce ta bar iyalin da abin da alƙalin ya ba su, ba ƙari ba ragi.

9.7 Matsayin Kalmar A Yau

Tun daga ƙarshen ƙarni na 20 ake ta ƙoƙarin sauƙaƙa harshen hukuma a ƙasashen da ke magana da Ingilishi. A 1979 Chrissie Maher ta jagoranci kafa ƙungiyar fafutukar sauƙaƙan Ingilishi a Birtaniya, kuma "forthwith" tana cikin kalmomin da ƙungiyar take ba da shawarar a musanya su da masu sauƙi. Ranar 26 ga Afrilu, 1999, sababbin ƙa'idojin ƙararrakin jama'a suka fara aiki a Ingila da Wales bisa shawarwarin Lord Woolf, aka kuma sauya tsofaffin kalmomin kotu da dama. A Amurka ma an kafa dokar rubutu cikin sauƙaƙan harshe ga hukumomin tarayya a 2010. Masu sukar kalmar suna cewa amonta ya fi ma'anarta tabbas, don haka gara a rubuta adadin kwanakin da ake nufi.

Duk da haka kalmar ba ta mutu ba. Tana nan a tsofaffin dokokin da har yanzu ake aiki da su, da ƙa'idojin majalisa, da hukunce-hukuncen kotuna, da sanarwar hukumomi. Muddin waɗannan takardu suna shafar rayuwar masu jin Hausa, wajibi ne mai fassara ya naƙalce ta.

9.8 Kammalawa

Wannan darasi ya nuna cewa "forthwith" ta faro ne da ma'anar tare da, ta koma bayanau na lokaci a ƙarni na 14, sa'annan ta taƙaita a harshen shari'a da na mulki. An ga cewa a labari tana nufin nan da nan. A doka tana nufin ba tare da jinkirin da za a iya kauce masa ba. A majalisa tana nufin ba tare da muhawara ba. A hukuncin bashi kuwa tana nufin biya gaba ɗaya ba jinkiri. An kuma bambanta ta da "henceforth" da sauran masu kama da ita. Hanyar da aka bi a nan, wato duba asali da gurbi da muhalli kafin zaɓen lafazi, ita ce ɗalibi zai bi wajen tunkarar sauran tsofaffin kalmomin da zai tarar a takardun hukuma.

9.9 Auna Fahimta

1. A bayyana yadda ma'anar "forthwith" ta tashi daga "tare da" zuwa "ba tare da jinkiri ba", tare da kawo misalin irin wannan sauyi daga Hausa.

2. A kawo siffofi uku na nahawu da suka bambanta "forthwith" da "immediately".

3. Me ya sa Kotun Ƙolin Indiya ta karɓi jinkirin kwana 8 a 1956? Wane darasi ne mai fassara zai ɗauka daga hukuncin?

4. A tattauna dalilin da ya sa "yanzu-yanzu" da "cikin gaggawa" ba su dace da fassarar doka ba.

5. A fassara waɗannan jimloli zuwa Hausa, a kuma faɗi muhallin kowace:
(a) The debtor shall pay the sum forthwith.
(b) She heard the drums and forthwith left the market.
(c) The officer shall forthwith report any arrest to the magistrate.
(d) All fees shall henceforth be paid at the bank.

6. Jinga: A nemo sanarwar hukuma ko rahoton kotu guda biyu daga jarida inda kalmar ta fito, a fassara su, sa'annan a kare zaɓen lafazin da aka yi ta hanyar amsa tambayoyi huɗun da ke sashe na 9.6.